Me "indica" take nufi a sunan tsamiya da mangwaro, kuma da gaske daga Indiya suka fito?

Wani ɗalibi mai karanta ilimin tsirrai ya aiko mini da tambaya. Ya ce yana haɗa jerin sunayen kimiyya don aikin kammala karatunsa, sai ya ga kalma ɗaya tana ta dawowa: tsamiya Tamarindus indica, mangwaro Mangifera indica, dogonyaro Azadirachta indica, amma riɗi Sesamum indicum, shanu masu tozo kuma Bos indicus. Yana so ya san ko kalma ɗaya ce take sauya wutsiya, ko kuwa kalmomi uku ne daban. Sannan ya tambaya ko ya halatta ya rubuta a ƙarƙashin kowannensu cewa asalinsa daga Indiya yake, tunda sunan da kansa ya faɗa.

Ɗalibi, na ji daɗi da ka tambaya tun kafin ka rubuta. Kalma ɗaya ce, sifa ce ta harshen Latin, ma'anarta "na Indiya" ko "ta Indiya". Amma kada ka rubuta asalin kowane tsiro bisa ga wannan kalma kaɗai. Abin da take gaya maka shi ne inda wanda ya raɗa sunan ya ɗauka tsiron ya fito, ko hanyar da tsiron ya bi har ya iso hannunsa, kuma Indiyar da ke kan Turawan ƙarni na 18 ta fi ta taswirarka faɗi nesa ba kusa ba. A jerin nan naka na biyar, huɗu sun yi daidai da sunan, ɗaya kuma akwai magana babba a kansa.

Bari in fara da furuci, domin nan ne idon mai karanta Hausa ke yaudararsa. Harafin c a rubutunmu sautin "ci" da "ciki" yake bayarwa, shi ya sa ɗalibai da yawa ke karanta indica da sautin da ke cikin "caca". A Latin, c ɗin nan k ce. Indikus, indika, indikum ake cewa, kuma nauyin murya a gaɓar farko yake.

Tushen kalmar kogi ne. Mutanen da ke magana da harshen Sanskirit suna kiran babban kogin da ke ratsa Pakistan ta yau Sindhu. A bakin Farisawa s ta farkon kalma kan koma h, sai Sindhu ta zama Hindu, kuma sunan lardin yana cikin rubuce-rubucen da Sarki Dariyus na Farisa, wanda ya yi mulki daga 522 zuwa 486 kafin miladiyya, ya sa aka sassaƙa. Girkawa suka karɓa daga Farisawa, h ɗin ta faɗi a bakinsu, kogin ya zama Indos, ƙasar da ke bayansa ta zama India. Daga nan Rumawa suka samo sifarsu Indicus. Larabawa kuwa h ɗin ta zauna musu, shi ya sa suke cewa al-Hind, abin da ya fito daga can kuma hindi. Ka riƙe wannan kalma ta Larabci, za ta dawo idan mun zo kan tsamiya.

Ɗafin -icus aikinsa danganta abu da wuri, kamar yadda muke yi da "ba-" a Balarabe ko Ba'indiye. Tunda sifa ce, dole ta bi jinsin sunan da take siffantawa. Wannan ba baƙon abu ba ne gare mu: farin doki muke cewa, amma farar goɗiya. Bambancin kawai, Latin tana da jinsi uku, namiji da mace da wani na uku da ba namiji ba mace ba. Sunan kimiyya kalma biyu ne. Ta farko sunan gida ce, wanda a Latin ake kira genus, ta biyu kuma ita ke ware nau'i ɗaya daga 'yan gidan. Idan sunan gidan namiji ne, kamar Bos, sai a ce indicus. Idan mace ne, kamar Mangifera, sai indica. Idan na uku ne, kamar Sesamum, sai indicum.

Za ka ce to ai Tamarindus da -us ta ƙare, wutsiyar maza, me ya kawo indica? A Hausa ma galibin sunayen da suka ƙare da -a mata ne, amma ruwa da gida da suna duk maza ne, ba wanda ke cewa "ruwa ta zube". Haka Latin take da nata keɓaɓɓun. Rumawa sun ɗauki sunayen itatuwa a matsayin mata ko da sun ƙare da -us, kamar Ficus, gidan su ɓaure da ceɗiya, da Pinus da Prunus, kuma masana tsirrai suka bi wannan al'ada a Tamarindus. Sai dai ba duk itace ba. Pterocarpus indicus itace ne babba, amma namiji ne, domin ƙa'idar sunayen tsirrai ta ce duk sunan gidan da ya ƙare da -carpus namiji ne. Saboda haka wutsiyar sunan gida ba ta isa ta yanke maka hukunci ba, sai ka duba yadda aka yi rajistar jinsinsa.

Bin jinsin nan yana da wani sakamako da ke rikita masu neman bayani. Idan bincike ya nuna tsiro ba ɗan gidan da aka sa shi ba ne, aka mayar da shi wani gida, sifar tana binsa amma ta sauya wutsiya. Linnaeus, masanin tsirrai na Suwidin da ya kafa tsarin suna mai kalma biyu, ya raɗa wa wani fure Azalea indica a 1753. Da aka haɗe shi da gidan Rhododendron, wanda jinsinsa na uku ne, sai ya koma Rhododendron indicum. Haka Quisqualis indica ta zama Combretum indicum. Tsiro ɗaya ne, ba a sami sabo ba. Idan ka ga sunan mutum a cikin baka bayan sunan tsiro, wani kuma a wajen bakan, labarin ƙaurar ke nan: na ciki shi ya fara raɗa sifar, na waje shi ya sauya mata gida. Harafin L da ɗigo kuma Linnaeus ne.

Yanzu mu koma kan ma'ana, inda maganar take da tsoka.

Wani lokaci indicus na nufin Indiya ɗin da ka sani, da maƙwabtanta. Babu inda sunan ya fi faɗa daidai kamar a Bos indicus, da Linnaeus ya raɗa a 1758. Shaidar tono da ta ƙwayoyin halitta duka sun nuna cewa a kwarin kogin Indus aka fara mayar da shanu masu tozo dabbobin gida, wato a bakin kogin da ya haifi kalmar kanta. Mangwaro ma asalinsa yankin arewa maso gabashin Indiya ne da Bangaladash da Myanmar. Linnaeus bai taɓa taka Asiya ba. Abin da ya sani game da tsirran wannan yanki ya same shi ne daga busassun samfura da littattafan waɗanda suka je, musamman Hortus Malabaricus, mujalladi 12 da aka buga a Amsterdam tsakanin 1678 da 1693 kan tsirran gaɓar Malabar ta kudu maso yammacin Indiya, da kuma tsirran da Paul Hermann ya tattaro a tsibirin Silon, wato Siri Lanka ta yau. Idan tsiro ya zo masa ta waɗannan hanyoyi, "na Indiya" ɗinsa yakan zama gaskiya.

Na dogonyaro yana da ɗan labari da nake son ɗalibai su sani, domin yana nuna cewa wani lokaci larurar ƙa'ida ce ke kawo kalmar. Linnaeus ya sa shi a gidan Melia, ya kira shi Melia azadirachta, daga Farisanci azad dirakht, wato 'yantaccen itace. A 1830 Adrien de Jussieu, masanin tsirrai na Faransa, ya ga ya cancanci gidan kansa, ya ɗauki Azadirachta ya mai da ita sunan gida. Da ya riƙe tsohuwar sifar, da sunan ya zama Azadirachta azadirachta, kuma ƙa'idar tsirrai ta yau ba ta yarda a maimaita kalma ɗaya sak ba, duk da masana dabbobi sun yarda da irin Gorilla gorilla. Shi ya sa indica da ya ba shi ita ce ta tsaya. Ta kuma dace, domin daga yankin Indiya da Myanmar itacen ya bazu zuwa sauran ƙasashe masu zafi.

Riɗi ya fi waɗannan ɗaure kai kaɗan. Mafi yawan 'yan gidan Sesamum na daji a Afirka suke, abin da ya sa aka daɗe ana cewa nan ne asalinsa. Amma ɗan'uwansa na daji mafi kusa, wanda ake kira malabaricum, a Indiya yake, kuma an sami ƙonannen riɗi a kufan Harappa na kwarin Indus. Rinjayen ra'ayi yau shi ne a can aka fara noma shi. Linnaeus ma suna biyu ya ba shi a 1753, indicum da orientale, wato "na gabas", yana zaton nau'i biyu ne. Daga baya aka gane ɗaya ne, aka tabbatar da indicum.

Ma'ana ta biyu ita ce wadda Turawa ke kira Indiyoyin Gabas: duk abin da ke bayan Indiya har tsibiran kudu maso gabashin Asiya. Mutanen Holan sun kira mulkin mallakarsu a can Indiyar Holan, sunan Indonesiya kansa, da aka ƙirƙiro a 1850, ma'anarsa tsibiran Indiya. Akwai wata dabba mai jiki kamar na alade da ɗan guntun hanci mai motsi kamar na giwa, gabanta da ƙafafunta baƙaƙe, tsakiyar jikinta fari fat kamar an yafa mata mayafi. Sunanta Tapirus indicus, tun 1819. A Sumatra take, da zirin Malesiya, da kudancin Tailan da Myanmar, babu ita a dajin Indiya. Wanda ya raɗa mata suna bai yi kuskure ba a ma'aunin zamaninsa, kalmar ce ta ƙanƙance daga baya. Pterocarpus indicus da na ambata shi ma haka, itacen ƙasa ne na Filifin.

Faɗin bai tsaya nan ba, ya kai har Sin da Japan, kuma dalilin jiragen fatauci ne. Kamfanin Indiyar Gabas na Suwidin, da aka kafa a 1731, sunansa Indiya amma kusan duk tafiye-tafiyensa Kanton yake yi, birnin Guangzhou na yau. Almajiran Linnaeus sukan shiga waɗannan jirage, kamar Pehr Osbeck da ya tafi a 1750 a matsayin limamin jirgi ya dawo a 1752 da tarin tsirrai. Kayan da jirgin Indiya ya sauke, a bakin mutane kayan Indiya ne. Lagerstroemia indica ta 1759 sunan gidanta na Magnus Lagerström ne, ɗaya daga shugabannin wannan kamfani, kuma furen daga Sin yake. Chrysanthemum indicum ma na gabashin Asiya ne. Shi kuwa Rhododendron indicum da muka gani ɗazu, a gefen kogunan duwatsun Japan yake fitowa.

Ma'ana ta uku ita ta fi ba mutane mamaki: nahiyar Amurka. Kolumbus ya isa tsibiran Karibiyan a 1492 yana da yaƙinin ya iso Indiyoyi ta yamma, kuma sunan ya manne. Sifaniyawa sun ci gaba da kiran mallakarsu ta can las Indias ɗaruruwan shekaru, majalisar da suka kafa a 1524 don mulkin yankin ma Majalisar Indiyoyi ce sunanta. Shi ya sa marubutan Latin na wancan zamani kan ce abu yana fitowa a "Indiya biyun", ta gabas da ta yamma. Tsiron nan mai ƙaya da faffaɗan gaɓoɓi kamar tafin hannu, Opuntia ficus-indica, ma'anar sunansa ɓauren Indiya, amma daga Meziko yake. Ka lura a nan indica ba Opuntia take siffantawa ba, ficus take bi, su biyun sun dunƙule sun zama suna guda da karan ɗori a tsakani, don haka ko an sauya masa gida ba ta motsawa. A wajen kimiyya ma ruɗanin ya bar sawu: talotalo tsuntsun Amurka ne, amma Faransawa na ce masa dinde, daga d'Inde, "na Indiya", Turkawa kuma hindi.

A kan wannan ma'ana ta uku na taɓa faɗawa rami, shi ya sa tambayarka ta taɓa ni. Ina sabon shiga aiki a ɗakin adana busassun tsirrai, aka ba ni tarin samfura in shirya musu katin bayani. Cikinsu akwai Canna indica, furen nan mai faffaɗan ganye kamar na ayaba. Ina tuna takardar sarai: ganyen ya bushe ya koma ruwan ƙasa, an ɗaure karan da siraran ɗauri na takarda, a kusurwar ƙasa kuma ga ɗan ambulan da aka manna, cikinsa 'ya'ya baƙaƙe, zagayayyu, masu tauri kamar harsashin bindigar toka. Ban buɗe ko littafi ɗaya ba na rubuta "asali: Indiya". Malamin da ke duba aikina ya ɗaga katin, ya tambaye ni inda na samo wannan. Na ce ai ga shi a sunan. Ya miƙo mini littafi ya ce in karanta da kaina. Canna indica 'yar Amurka ce, daga yankunan zafi na tsakiya da kudancinta, kuma duk 'yan gidan Canna can suke. Ranar sai da na sake bin katunan da na riga na gama ɗaya bayan ɗaya.

Akwai ma'ana ta huɗu da za ka gamu da ita idan ka shiga halittun ruwa, wato tekun Indiya, Oceanus Indicus a Latin. Jatan landen da ake kira Penaeus indicus ya bazu daga gaɓar gabashin Afirka har arewacin Ostareliya. Akwai ma wata ƙwayar bakteriya mai son zafi, Thermodesulfatator indicus, da aka samo daga maɓuɓɓugar ruwan zafi a ƙarƙashin wannan teku, nesa da kowace ƙasa.

To, tsamiya. Larabawa sun san 'ya'yanta ta hanyar fatauci da Indiya, suka ga ɓargon nan mai danƙo, ruwan ƙasa, da ke lulluɓe da ƙwallaye cikin kwanso, ya yi musu kama da dabino, sai suka kira shi tamr hindi, dabinon Indiya. Likitocin Turai na tsakiyar zamani suka karɓi kalmar daga littattafan magani na Larabci suka mai da ita tamarindus. Da Linnaeus ya zo ya ƙara indica a 1753, sai Indiya ta shiga sunan sau biyu: dabinon Indiya na Indiya. Duk da wannan nanatawa, mafi yawan masana tsirrai na ganin asalin tsamiya busassun dazuzzukan Afirka ne masu zafi, inda take fitowa da kanta ba tare da an shuka ba, kuma an kai ta Indiya tun zamani mai nisa har ta zama kamar 'yar gida. Ita kaɗai ce a gidan Tamarindus, ba ta da 'yan'uwa na kusa da za a bi sawunsu kamar yadda aka yi da riɗi, shi ya sa hujjar ta dogara kan inda take rayuwar daji da kuma tarihin fatauci. A ganina wannan suna ya fi kowanne koyarwa. Kalmar ta bi hanyar kasuwa, daga Indiya zuwa Larabawa zuwa Turai, itacen kuma ya riga ya bi tasa hanyar kafin nan, kuma kalmar ba ta san da wannan tafiya ta farko ba.

Na san abin da zai zo maka yanzu: tunda an gane, me ya hana a gyara? An hana ne da gangan. Dokar sunayen tsirrai, a sashe na 51, ta ce ba a yar da halastaccen suna don kawai bai dace da abin da aka raɗa wa ba, ta kuma ba da misali da Scilla peruviana, furen yammacin Bahar Rum da ba ya fitowa a ƙasar Peru. Dokar sunayen dabbobi ta faɗi irin wannan a sashe na 18. Abin da ke riƙe da suna shi ne samfurin da aka ɗaura masa tun farko, busasshen reshe a kan takarda ko fata ko ƙashi a ma'ajiya, tare da fifikon wanda ya riga bugawa, ana ƙirgawa daga 1753 ga mafi yawan tsirrai, daga 1758 ga dabbobi. Ma'anar kalmar ba ta cikin abin da ake aunawa. Shi ya sa ɓeran nan Rattus norvegicus yake ɗauke da sunan Norway alhali daga arewacin Sin da kewayenta ya bazu, attaruhu kuma yake Capsicum chinense, "na Sin", alhali duk barkono daga Amurka yake.

Ina goyon bayan wannan doka da zuciya ɗaya, ko da yake na san tana da ciwo. Sanin asalin tsiro abu ne mai motsi, riɗi kaɗai ya isa shaida. Da sunan yana bin kowane sabon bincike, da riɗi ya tashi daga indicum ya koma na Afirka ya sake dawowa, kuma duk wanda ke neman abin da aka rubuta a kansa sai ya bi sunaye uku. Likita da manomi da mai binciken magani suna bukatar kalmar da za ta nuna abu ɗaya a kowace ƙasa, a bana da kuma bayan shekara ɗari. Mutumin da aka raɗa wa suna Dogo yana jariri, ko ya girma gajere, da Dogo za a neme shi a same shi. Ciwon kuwa shi ne ɗalibai irinka da irina a da, waɗanda ba a gaya wa ba, suna kwafe kuskure daga suna zuwa littafi.

Inda masana suka yarda su taɓa tsohon suna, dalilin cin mutunci ne, ba kuskuren taswira ba. A babban taron masana tsirrai na duniya da aka yi a Madrid a watan Yulin 2024, an kaɗa ƙuri'a aka sauya sifar caffra da danginta, waɗanda suka fito daga kalmar zagi ga baƙaƙen kudancin Afirka, zuwa afra, "ta Afirka". Indica ba ta zagi kowa ba, don haka tana nan daram.

Za ka kuma ga kalmar a matsayi na uku, bayan sunan nau'i, tana nuna reshe a cikinsa. Giwar Asiya Elephas maximus ce. Ta Siri Lanka ita ce reshen asali, ta Sumatra sumatranus, ta babban yankin nahiyar kuma, daga Indiya da Nepal har Tailan da kudancin Sin, Elephas maximus indicus. Shinkafar Asiya, Oryza sativa, masanan Japan sun raba ta gida biyu a ƙarshen shekarun 1920, indica mai dogon ƙwaya da japonica mai gajeren ƙwaya. Nan ma kada ka ɗauka iyakar ƙasa ce, domin ana noma indica sosai a kudancin Sin, ita kuma japonica a kwarin kogin Yangtze na Sin aka fara noma ta, ba a Japan ba. Tabar wiwi ma Lamarck, masanin halittu na Faransa, ya ware wadda aka kawo masa daga Indiya a 1785 ya kira ta Cannabis indica, amma masana da yawa yau reshen Cannabis sativa suke ɗaukarta. Saboda irin wannan ne sifa ba ta tsayawa ita kaɗai a rubutun kimiyya. Idan ka rubuta "indica" kawai, mai karatu bai san ko mangwaro kake nufi ko shinkafa ko beguwar Indiya, Hystrix indica, ba.

Ka kuma yi hattara da masu kama da ita. Tsuntsun Afirkan nan da ke jan mutum da kuka har ya kai shi inda zuma take, sunansa Indicator indicator, kuma babu ruwansa da Indiya: daga aikatau na Latin indicare ya fito, wato nunawa. Indianensis kuma jihar Indiyana ta Amurka take nufi. Amma Indigofera, gidan su baba, yana da alaƙa ta gaske. Rumawa sun kira shunin da ake kawo musu daga Indiya indicum kurum, sifar ta zama suna, daga nan aka sami indigo, Indigofera kuma mai ɗauke da shuni. Zaren ya miƙe har cikin ilimin sinadarai. A 1863, a Freiberg ta Jamus, Ferdinand Reich da Theodor Richter sun ga wani layi mai launin shuni a na'urar rarrabe haske, wanda bai dace da kowane sinadarin da aka sani ba, suka kira sabon ƙarfen indium, mai lamba 49. Launin ya bi, ba ƙasar ba.

Waɗanda suka so taƙaita wuri sun yi amfani da sifofi masu ƙunci: gangeticus na kogin Ganga, kamar kadan nan mai siririn baki Gavialis gangeticus, zeylanicus na Silon, malabaricus na gaɓar Malabar, bengalensis na Bengal. Waɗannan sun fi indicus faɗin gaskiya, amma ko su wurin da aka tsinci samfurin farko suke nunawa, ba iyakar inda nau'in yake ba. Kuma a bar kowanne da rubutun da mai shi ya yi: Linnaeus ya rubuta Ficus benghalensis da h, guzan Bengal kuwa Varanus bengalensis ne babu h, kuma ba ka da ikon daidaita su.

Ga yadda za ka yi da jerinka. Sunan gida da babban baƙi, sifa da ƙaramin baƙi ko da sunan ƙasa ce, duka biyun a karkace idan da na'ura kake bugawa, ko ka ja musu layi idan da hannu ne. Idan ka ga Indica da babban baƙi a tsohon littafi, tsohon salo ne, kada ka kwaikwaya. Ka ƙara sunan wanda ya raɗa, domin shi da shekarar su za su gaya maka wace Indiya ake nufi. Sannan ka buɗe shafi dabam don asali, ka cike shi daga littattafan tsirran yankuna ko daga rumbun bayanan lambun Kew na Ingila da ke intanet, inda ake bambanta ƙasashen da tsiro yake ɗan asali da waɗanda aka kai shi. Mangwaro da dogonyaro da riɗi da shanu masu tozo, ka rubuta musu yankin Indiya hankalinka kwance. A layin tsamiya ka rubuta Tamarindus indica L., a shafin asali ka sa Afirka mai zafi, ka ƙara cewa an daɗe ana shuka ta a Indiya kuma daga can sunanta ya fito.